Wai talakan Rum me yake ci, ina yake kwana?

Malam_Sule_Funtuwa:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina koyar da tarihi a wata sakandare. Jiya ina yi wa 'yan aji huɗu bayanin Juliyas Kaisar, yadda 'yan majalisar dattawa suka rufar masa da wuƙaƙe ranar 15 ga Maris, shekara ta 44 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), sai wata yarinya ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, to su talakawan garin me suka karya da shi ranar?" Aji ya fashe da dariya, ni ma na dara. Amma da na koma gida abin ya tsaya mini a rai. Zan iya jero muku sarakunan Rum daga Agustas har Markus Oriliyas ba tare da na duba takarda ba, amma ban san abin da lebura yake ci ba, ban san inda yake kwana ba. Don Allah wanda ya sani ya taimaka. Kuma ta ina ma aka sani, tunda talaka ba ya rubuta littafi?

Bakatsine77:
Wa alaikumus salam Malam. Ai Italiya ce, taliya da miyar tumatir mana.

'Yar_Damagaram:
Haba Yaya Bakatsine. Tumatir daga Amurka ya zo, bai shiga Turai ba sai bayan tafiyar Kolombas ta 1492. Haka masara, dankalin turawa da barkono. Rumawa ba su taɓa ganin ko ɗaya ba. Abincin talakansu alkama ce: ko a dama ta kamar fate, wanda suke kira puls, ko a gasa burodi. Sai man zaitun, wake iri-iri, albasa, tafarnuwa, kabeji, cuku, da ruwan inabi da ake tsinkawa da ruwa. Nama sai ranar biki ko ranar da aka yi yanka a gidan bautarsu aka raba.

Gwanin_Musu:
Ni tambayata daban. Mun gama sanin tarihin Kano da Katsina da Gobir ne da za mu koma binciken kumallon mutanen da suka mutu shekara 2,000 da suka wuce? Kuma duk wannan zance kintace ne na Turawa. Wa ya gani?

Ɗan_Napoli:
Gwani, ni na gani, gani kuwa ya kori ji. Shekara shida ke nan ina aiki kusa da Napoli a Italiya, kullum dutsen Besubiyo na gabana. Shi ne dutsen da ya yi aman wuta a shekara ta 79 miladiyya ya binne garin Pompei da Harkulaniyam da toka. Sau uku ina shiga Pompei.

Malam Sule, abin da ya fi ba ni mamaki ba gidajen attajirai ba ne. Tituna ne. Za ka ga sawun ƙafar amalanke ya ci dutse ya yi rami, ga manyan duwatsu an jera a tsakiyar titi don mutum ya taka ya tsallake ƙazanta. A bakin titi akwai shaguna masu kanta ta gini, an binne manyan tuluna a cikin kantar, nan ake sayar da abinci. Irinsu sun kai 80 a ƙaramin gari. Wato yawancin mutane a waje suke ci, kamar yadda ɗan kasuwa yake tsayawa wajen mai shayi ko mai ƙosai. Gidajen burodi sun haura 30, da dutsen niƙansu da jaki yake juyawa. A tandar wani gidan burodi an tarar da burodi 81 sun ƙone sun zama gawayi, kowane an tsaga samansa gida takwas don a ji daɗin gutsura.

Sai mutanen kansu. Tokar ta daskare a jikinsu, jikin ya ruɓe ya bar rami. A 1863 wani mai kula da haƙar, Fiyorelli, ya fara zuba farar ƙasa a ramukan, sai surar mutum ta fito yadda ya mutu. Akwai wanda ya toshe fuskarsa da hannu. Akwai kare da aka bari a ɗaure. Wallahi ranar ban iya cin abincin dare ba.

Hajiya_Mai_Tuwo:
Innalillahi. Allah ya sa mu cika da imani. Amma ɗana, da me suke miya? Abinci ba ɗanɗano ai ba abinci ba ne.

'Yar_Damagaram:
Hajiya, suna da tasu daddawar, sunanta garum. Ƙananan kifi da kayan cikin kifi ake zubawa a kwatarniya da gishiri mai yawa, a bari a rana wata biyu ko uku har ya narke, a tace ruwan. Na sama mai kyau na masu kuɗi ne, dusar da ta rage ta talaka da bayi. Kusan komai sai sun ɗiga masa.

Hajiya_Mai_Tuwo:
Ruɓaɓɓen kifi? Allah ya sawwaƙe. To amma ni da nake jiƙa kalwa kwana uku ba ni da bakin magana.

Ɗan_Napoli:
Hajiya kin gama magana. Kuma Malam Sule, ga amsar "ta ina aka sani". A Harkulaniyam an haƙo wata kwata da ke ƙarƙashin gidajen haya da shaguna, aka tace abin da ke ciki. Aka sami ƙwallon zaitun, 'ya'yan ɓaure, ƙwayar inabi, ɓawon ƙwai, ƙayar kifi, gero irin nasu, har da masoro wanda sai daga Indiya ake kawo shi. Wannan ba littafin sarki ba ne, masai ne. Masai kuwa ba ya yi wa kowa fadanci.

Gwanin_Musu:
To naji, amma wannan ƙaramin gari ne a bakin teku. Malam birnin Rum ya tambaya.

'Yar_Damagaram:
Wannan gyaran naka daidai ne Malam Gwani. Birnin Rum a zamanin Agustas ana ƙiyasta mutanensa sun kai miliyan ɗaya, kuma gonakin da ke kewaye ba za su iya ci da su ba. Alkama ta jirgin ruwa take zuwa daga Sisili, Masar da Arewacin Afirka. Tun shekara ta 123 kafin miladiyya gwamnati ta fara sayar wa 'yan ƙasa alkama da rangwame, a ta 58 aka mai da ita kyauta. A zamanin Agustas masu karɓa kimanin 200,000 ne, kowa mudu biyar irin nasu a wata, wajen kilo 33. Amma a lura: namiji ɗan ƙasa ne kawai yake cikin rajista. Baƙo da bawa babu su. Kuma kilo 33 zai riƙe mutum ɗaya ko biyu, ba zai riƙe mai mata da 'ya'ya huɗu ba, dole ya fita neman aikin yini.

Wajen kwana kuwa, gidajen haya ne masu hawa biyar ko shida, ana kiransu insula. Abin ya saɓa da namu na yanzu: mai hali yana ƙasa, matalauci yana can ƙololuwa ƙarƙashin rufi, babu ruwa, babu makewayi, babu madafa. Sama katako ne, ga fitilar mai da kaskon gawayi, saboda haka gobara da rushewa ba sa ƙarewa. Agustas ya sa doka kada gini ya wuce ƙafa 70, kuma a shekara ta 6 miladiyya ya kafa rundunar masu kashe gobara da sintirin dare. Kafin nan akwai wani attajiri, Karasus, da aka rubuta cewa in gida yana ci da wuta sai ya zo ya taya shi da na maƙwabta a wulaƙance.

Sannan ga hayaniya. An hana yawancin amalanke shiga gari da rana, sai dare. Mawaƙansu sun yi ta kukan cewa barci a Rum sai mai kuɗi.

Bakatsine77:
Wannan Karasus ɗin da yana raye da dillalin filaye ne. Na janye maganar taliya.

Alaramma_Tukur:
Salamu alaikum. Ina biye da ku tun ɗazu. Wanda ya ce me ya haɗa mu da Rumawa, ya buɗe Alƙur'ani, sura ta 30 sunanta Suratur Rum. An ba da labarin an rinjaye su, kuma za su yi rinjaye cikin 'yan shekaru. Manzon Allah (SAW) ya aika wa sarkinsu Hiraƙla wasiƙa ta hannun Dihyatul Kalbi, kuma hirar Hiraƙla da Abu Sufyan tana farkon Bukhari. Wanda bai san su waye Rumawa ba, yaya zai fahimci Mu'uta da Tabuka da Yarmuk?

Malam_Sule_Funtuwa:
Allah ya gafarta Malam, gaskiya ne. Sai dai a nan ɗalibai suke rikicewa. Rumawan da ke cikin surar ba mutanen birnin Rum na Italiya ba ne. Daular ta rabu gida biyu. Ta yamma ta faɗi a 476, lokacin da aka tuɓe sarkinta na ƙarshe. Ta gabas, mai hedikwata a Kustantiniyya wadda Kwanstantin ya buɗe a 330, ita ce ta rayu har 1453 da Sultan Muhammadul Fatih ya ci ta. Hiraƙla ya yi mulki daga 610 zuwa 641, Farisawa sun ƙwace Ƙudus a 614, ya karya su a kusa da Ninawa a 627. Kiristoci ne, Girkanci suke yi, amma su da kansu Rumawa suke kiran kansu. Sunan Bizantiya malaman Turai ne suka laƙaba musu bayan daular ta shuɗe. Tsakanin Kaisar ɗin da nake koyarwa da Hiraƙla akwai shekara sama da 600.

Alaramma_Tukur:
Madalla, Allah ya ƙara sani. Ni ma in ƙara muku: dinarin da muke lissafin nisabin zakka da sadaki da shi, sunan daga kuɗin Rumawa ya fito, denariyus. Sai dai nasu na asali azurfa ne. Har zamanin Abdulmalik bin Marwan Musulmi da zinaren Rum suke ciniki, shi ne ya buga dinarin Musulunci mai rubutu zalla wajen shekara ta 77 bayan hijira.

Ɗan_Agadas:
Tunda an shiga kalmomi, takarda ma fa. Masana harshe sun bi sawunta daga Latin, karta, ta ratso harsunan Berber, Buzaye suka kawo mana. Haruffan da muke rubuta wannan muhawarar da su ma na Rumawa ne. Watan Yuli sunan Juliyas Kaisar ne, Agusta na Agustas. Satumba, Oktoba, Nuwamba, Disamba ma'anarsu bakwai, takwas, tara, goma, don da can shekararsu daga Maris take farawa.

Kuma a daina ɗaukar Rum a matsayin abin Turai kaɗai. Na yi shekaru ina bin hanyar Sabha ta Libiya. Kusa da Ubari akwai Jarma, tsohon birnin Garamantawa, mutanen da suka haƙa hanyoyin ruwa a ƙarƙashin ƙasa suka yi noma a tsakiyar Sahara. A kaburburansu an sami tulunan man zaitun da kwanukan gilas na Rum. Wani kwamanda, Korneliyas Balbus, ya kai musu yaƙi wajen shekara ta 19 kafin miladiyya. Gadamas, wadda fatakenta suka zauna a Kano shekaru aru-aru, Rumawa sun ajiye soja a can. A wani sansani da ake kira Bu Njem an tono fasassun tukwane da sojoji suka yi rubutun rahoton yini a kai, har da wanda ke cewa ga Garamantawa sun iso da alfadarai da jakuna ɗauke da sha'ir. Sarki Septimiyas Seberus, wanda ya yi mulki daga 193 zuwa 211, haifaffen Libda ne a gaɓar Libiya.

Bakatsine77:
To sun zo ƙasar Hausa ke nan?

Ɗan_Agadas:
A'a ɗan uwa, kada mu yi azarɓaɓi. Abin da ke rubuce shi ne wani Juliyas Matarnus ya bi sarkin Garamantawa tafiyar wata huɗu kudu, suka kai wata ƙasa mai suna Agisimba inda karkanda ke taruwa. Wasu masana sun ce wajen Tafkin Chadi ne, wasu sun ce Abzin, wasu Tibesti. Iyakarta ke nan. Kayansu sun ratsa Sahara hannu zuwa hannu, amma mulkinsu bai wuce bakin hamada ba.

Ummu_Sudan:
Mu nan ma sun taɓa mu. Sarauniyar Marawi ta yaƙe su a zamanin Agustas, mutanenta suka sare kan gunkinsa na tagulla suka binne a ƙarƙashin matakalar wani ɗakin bauta don a riƙa taka shi. An tono shi a 1910, yanzu yana gidan tarihi a Landan.

Malam_Sule_Funtuwa:
Jama'a ina jin daɗi, amma kun ga abin da nake faɗa? Mun fara da kumallon lebura, ga mu mun koma kan sarakuna da yaƙi. Haka littattafan ma suke yi mana.

Lauya_Maraɗi:
Bari in dawo da kai gida Malam. In kana son ka san safiyar talakan Rum, kalli ƙofar gidan mai kuɗi ko ɗan siyasa. Da asuba mutum zai yafa toga, farin mayafin nan na ulu mai nauyi, ya tafi gaida ubangidansa. Ana shiga bisa daraja. A gaisa, a miƙa masa ɗan kwandon abinci ko 'yan kuɗi, sportula suke cewa. Shi kuma ya raka ubangida dandali, ya yi masa tafi in yana jawabi, ya jefa masa ƙuri'a. In ya shiga shari'a ubangida ya tsaya masa. Yawan mutanen da ke bayanka in ka fito shi ne girmanka. Ban ce komai ba, kowa ya san inda ya taɓa ganin irin wannan.

Ta fuskar doka kuma, mu a Nijar tsarin dokar farar hula da muka gada daga Faransa jijiyarsa tana cikin dokokin Rum da Sarki Jastiniyan ya sa aka tattara tsakanin 529 da 534. Abin da ya fi ɗaure mini kai da ina ɗalibi shi ne ikon uba. Muddin mahaifinka na raye, ko ka shekara 50, ko kai alƙali ne, a doka ba ka mallaki ko akuya ba, komai nasa ne.

Bakatsine77:
Gandu ke nan.

Lauya_Maraɗi:
Ya yi kama, amma nasu ya fi tsanani. A gandu kana da gayaunarka, kuma kana iya fita.

Ɗan_Napoli:
Maganar ƙuri'a ta tuna mini. Bangon Pompei cike yake da rubutu, an ƙirga dubbai. Akwai na kamfe da jan fenti: masu alfadarai suna goyon bayan wane, masu sayar da 'ya'yan itace suna goyon bayan wane. Akwai wani ɗan takara, Batiya, da aka rubuta wai ƙananan ɓarayi da masu shan dare da masu barci duk suna bayansa, da alama abokan hamayya ne suka yi masa shaƙiyanci. Wani ya rubuta lissafin cefanensa na kwanaki, kusan kullum burodi, wani lokaci cuku da mai, har da layin burodin bawa. Wani kuma ya rubuta wa bangon kansa cewa yana mamakin yadda bai faɗi ba saboda nauyin shirmen da ake rubuta masa. Ashe talaka yana rubutu, Malam, a bango yake yi.

Injiniya_Bala:
Ni abin da ya sa na fara karanta su ruwa ne. Birnin Rum ya kai ga samun manyan magudanan ruwa 11, ta farko an gina ta a 312 kafin miladiyya. Babu inji, babu famfo mai tura ruwa, gangara ce kawai. Wadda ke kai ruwa garin Nim a Faransa tsawonta wajen kilomita 50 ne, amma bambancin tudu daga mafari zuwa ƙarshe bai kai mita 13 ba. Ku lissafa, kusan santimita 25 a kowace kilomita. Duk wanda ya taɓa riƙe abin awon gini ya san wannan ba wasa ba ne. Ɗaya daga cikin magudanan birnin Rum da aka gama a 19 kafin miladiyya har yau tana ba maɓuɓɓugar Tirebi ruwa.

Amma ruwan ba ya hawa bene. Talaka sai ya sauko kwarami na unguwa ya ɗiba, ko ya biya 'yan ga-ruwa. Masu hali ne ake ja wa bututun dalma har gida da izinin hukuma. Wani Furontinas da aka naɗa shugaban ruwa a shekara ta 97 ya rubuta yadda ya kama ma'aikatansa suna huda bututu a ɓoye suna sayar wa mutane.

Wanka kuwa a gidan wanka na jama'a ake yi da la'asar, da kuɗi mafi ƙanƙanta. Ba sabulu, mai ake shafawa a kankare da wani lanƙwasasshen ƙarfe. Nan ake hira, nan ake ƙulla ciniki.

Uwar_Biyu:
Injiniya faɗi na makewayin mana, kada ka ɓoye.

Injiniya_Bala:
Anti kin matsa. Dogon benci ne na dutse mai ramuka a jere, mutum goma ko ashirin, ba labule ba katanga, ruwa na gudu a ƙasa. Kuma masu wanki da tsohon fitsari suke wanke tufafi, suna tattakawa da ƙafa. Sarki Besfasiyan har haraji ya sa wa fitsarin. Da ɗansa Titus ya nuna ƙyama, sai ya kai masa kuɗin hanci ya tambaye shi ko yana wari.

Hajiya_Mai_Tuwo:
Kai jama'a. Allah ya yi wa buta albarka.

Gwanin_Musu:
Yanzu kun zo inda nake so. Ana ta yaba gini da ruwa, wa ya ɗauki dutsen? Bayi. Bayan tawayen bayi da Sipatakus ya jagoranta, a 71 kafin miladiyya, mutum 6,000 aka gicciye a bakin hanya daga Kafuwa zuwa Rum. A shekara ta 61 miladiyya wani bawa ya kashe ubangidansa, shugaban birni, aka kashe bayin gidan gaba ɗaya, su 400, har mata da yara, don haka doka ta ce. Filin Kolosiyam da aka buɗe a 80, mai cin mutum wajen 50,000, an gina shi ne don a kalli mutum yana kashe mutum. Wannan ne wayewar?

'Yar_Damagaram:
Ashe Malam Gwani ya karanta, yana ta yi mana kamar bai damu ba. Duk abin da ka faɗa haka yake. Sai dai ka tsallake wani yanki na labarin bayi 400 ɗin: talakawan birni sun fito da duwatsu da wuta suna neman hana kisan, sai da Sarki Nero ya jera soja a hanya. Wato su ma abin ya fi ƙarfin zuciyarsu.

Kuma bautarsu kala-kala ce. Na gona da na ramin ma'adinai sun ga azaba, wasu a mari suke kwana. Na birni kuwa wani yakan riƙe shago, ya tara abin hannunsa ya fanshi kansa, kusan irin murgu da aka sani a ƙasar Hausa. In ɗan ƙasa ya 'yanta bawa ta hanyar doka, bawan yakan zama ɗan ƙasa, 'ya'yan da ya haifa daga baya kuma 'yantattu ne cikakku. Sarki Partinas na shekarar 193 ɗan 'yantaccen bawa ne. Ba ina wanke su ba ne, ina cewa ne mu faɗi duka.

Uwar_Biyu:
To mata fa? Tun ɗazu lebura, soja, bawa. Na karanta cewa mace ba ta da sunan kanta, sunan dangi ake mayarwa na mace, duk 'yar gidan Juliyas Juliya ce, in su biyu ne a ce babba da ƙarama. Ana raɗa wa mace suna rana ta 8, namiji ta 9. Doka ta yarda a aurar da yarinya daga shekara 12, kuma gidan amarya ne ke ba ango dukiya. Abin da ya fi tsaya mini shi ne wata wasiƙa da aka tono a juji a Bahnasa ta Masar, ta shekara ta 1 kafin miladiyya. Wani ɗan ci-rani a Iskandariyya ya rubuto wa matarsa mai ciki, da kalamai masu daɗi, yana cewa yaya zai manta da ita, zai aiko da kuɗi in an biya shi. A tsakiyar wasiƙar ya ce in namiji ta haifa ta bar shi, in mace ce ta yar. Na kasa haɗa kalaman biyu a bakin mutum ɗaya.

Alaramma_Tukur:
Subhanallah. Ashe ba Larabawan jahiliyya kaɗai ba.

'Yar_Damagaram:
Anti, ga wanda zai ɗan sanyaya miki rai. Akwai dutsen kabarin wani mahauci a Rum da matarsa, dukansu 'yantattun bayi daga gida ɗaya. An sassaƙa su tana riƙe da hannunsa. Rubutun ya ce ya ɗauki ɗawainiyarta tun tana shekara 7, ta rasu tana 40. Irin waɗannan duwatsu dubbai ne, kuma yawancinsu na masu sana'a ne: ungozoma, mai kitso, mai sayar da kaji, maƙeri.

Tsohon_Soja_Kaduna:
Ku ba tsoho wuri. Shekara 31 na yi a kaki, saboda haka wasiƙun Bindolanda ne suka kama ni. Wani sansani ne a arewacin Ingila, kusa da inda daga baya aka gina ganuwar Sarki Hadiriyan a 122. A 1973 aka fara tono siraran alluna da rubutun tawada, laka ce ta adana su. An aiko wa wani soja safa da takalma da ɗan kamfai biyu daga gida. Wani ƙaramin hafsa ya rubuta wa kwamanda yana neman umarni, a ƙarshe ya ce yara ba su da giya, a taimaka a aiko. Matar wani kwamanda ta gayyaci ƙawarta bikin ranar haihuwarta, ta ƙara gaisuwa da hannunta a ƙasa. Da na karanta na safa sai na tuna wani sanyi da muka sha a bakin daga, da ƙunshin kilishi da uwar 'ya'yana ta aiko. Sojan da ba ɗan ƙasa ba sai ya yi shekara 25 kafin a ba shi shaidar zama ɗan ƙasa a kan tagulla. Sallama ke nan tasu.

Bakatsine77:
Baba, gaskiya ne da gishiri ake biyansu albashi?

Tsohon_Soja_Kaduna:
Ɗana wannan zancen shayi ne. Da kuɗi ake biya. A zamanin Agustas dinari 225 a shekara, Sarki Domishiyan ya ƙara zuwa 300, kuma a ciki ake yanke kuɗin abinci da tufafi. Wannan yankan kam na san shi.

Malam_Sule_Funtuwa:
Na gode ƙwarai, na cika shafi huɗu. To in koma wa yarinyar nan, me zan ce mata game da ranar 15 ga Maris ɗin takamaimai?

'Yar_Damagaram:
Ka ce mata gutsuren burodin jiya da gishiri, ko a tsoma a ruwan inabi, in an samu da zaitun ko cuku, a tsaye ake ci kafin a fita. Babban abinci sai yamma. Kuma ka gaya mata Kaisar da kansa ya taɓa tukunyarsu: shekara biyu kafin a kashe shi ya rage masu karɓar alkama kyauta daga 320,000 zuwa 150,000. Da aka karanta wasiyyarsa kuma sai ga shi ya bar wa kowane ɗan ƙasa na birni dinari 75 da lambunansa na ƙetaren Taiba, kogin da ya ratsa Rum. Kashi ɗaya cikin uku ke nan na albashin soja na shekara. Ranar jana'izarsa jama'a suka tattaro bencina da tebura suka ƙona gawar a dandali, suka ɗauki bakin wuta suka nufi gidajen waɗanda suka kashe shi.

Gwanin_Musu:
Duk da haka ina nan a kan bakana. Malam Sule, in ka gama da Rum, ka tambayi yarinyar me talakan Kano ya karya da shi ranar da Rumfa ya buɗe kasuwar Kurmi. Mu ga ko akwai mai amsa.

Ɗan_Agadas:
Wannan sai an tono jujin Dala tukuna.

Hajiya_Mai_Tuwo:
Ɗan Napoli, in ka sake shiga garin nan ka ɗauko mana hoton burodin mai tsaga takwas. Ina so in ga kaurinsa, ko zai gasu a tandata.